Koren da Na Niƙa wa Bature Mai Kallo

Ku da kuke ɓalle murfin gwangwanin fenti da bakin wuƙa, ku tsoma buroshi ku shafa wa allon shago, sannan ku ce wai aikin launi ba shi da wuya, ku matso ku dubi dutsen nan. Kullum a kansa kuke zama kuna ɓare gyaɗa, ba wanda ya taɓa tambayata abin da ya sa tsakiyarsa ta lotsa. Hannuna ne ya lotsa shi, ni Ummaru, a shekarun da na yi ina niƙa wa wani Bature launi a Argungu, zamanin da ƙasa ke hannun Turawa.

Ni marini ne ɗan marini. Sai da na yi aure har na samu 'ya'ya biyu a bakin karofi, ban san akwai launin da ya isa a damu da shi ba in ba shuɗin baban rini ba. Wata rana sai ga wani Bature dogo, mai furfura a gemu, ya zo marinarmu ya tsaya. Bai sayi komai ba. Kumfar da ke bisa rijiyar rini kawai yake kallo, har inuwa ta juya. Washegari ya dawo, ya sake dawowa. A rana ta uku ne kukunsa, wani Bakano mai suna Tanko, ya ce maigidansa na neman wanda ya fi kowa laushin hannu wajen niƙa shuni. 'Yan'uwana suka nuna ni, don suna son su rabu da surutuna.

Ba Ingilishi ba ne. Daga Holan ya zo, ƙasar da ya ce ruwa ya fi ta tudu, sai da suka yi masa ganuwa kafin su samu wurin noma. Ba joji ba ne, ba ɗan kamfani ba ne, aikinsa shi ne ya zauna ya dubi ƙasa ya mayar da ita bisa ƙyalle. Sunansa na yanka ya fi ƙarfin harshenmu, sai gari ya sa masa Mai Kallo, ya kuwa amsa. A Kano ya koyi Hausa, a bakin Tanko, saboda haka maganarsa ta Kanawa ce, tsaf-tsaf, yana jera ta a hankali. Ya ce ya zaga wurare da yawa, amma da ya tsaya a gaɓar gulbi ya ga fadama ta miƙe shimfiɗe ba tudu ba dutse, sama ta cinye rabin duniya, sai ya ce wa Tanko ya kwance kaya.

Aikin farko da ya ba ni jar ƙasa ce da aka ɗebo daga tudun bayan Birnin Kebbi. Na ce wannan ai aikin mata ne, na murje ta kafin azahar na kai masa. Ya lakato da yatsa ya sa a haƙorinsa, ya ce ni ma in sa. Na ji ƙarar yashi har cikin kunnena. Daga ranar na koyi yadda ake yi. A dama ƙasa cikin tukunya, a bari tsakuwa ta kwanta, a tsiyaye ruwan sama a wata tukunyar, a sake bari, a sake tsiyayewa. Abin da ya kwanta a ta uku shi ake shanyawa. Sannan a ɗora a dutse, a ɗiga mai, a riƙa juya ɗan dutse kewaye-kewaye, ba gaba da baya irin niƙan gero ba. Sai launi ya daina kuka a ƙarƙashin hannunka, ya koma yana tsotsar dutse, sannan ya yi. Wata biyu na yi kafin ya karɓi niƙana bai kai shi baki ba.

Sauran kayan ma duk ta hannuna suka riƙa bi. Akoko muke saye a kanti, in ja shi bisa katako har ya yi ƙara in an ƙwanƙwasa, in shafe shi da danƙon fata da farar ƙasa. Da buroshinsa suka tsufa, da gashin wutsiyar kurege na ɗaura masa wasu cikin gashin fiffiken dinya, ya ce sun fi na ƙasarsu jin magana. Rawaya daga saiwa muke samu, baƙi daga kunkunniyar fitila. Abu biyu ne kawai ƙasar nan ba ta ba mu ba: launin ganye, wanda ke zo masa a matse cikin 'yan ƙananan kwalayen dalma, da kuma man da ake niƙan. Shi wannan man daga wata ƙwaya ta ƙasarsu ake tatso shi, kuma yana bushewa ya kama launi har abada. Na taɓa yin taurin kai na gwada man gyaɗa, don in nuna masa namu ma mai ne. Hoton ya yi wata guda yana naso, daga ƙarshe tururuwa suka hau suka cinye sararin sama suka bar itatuwa.

Masu sayen hotunansa Turawan bariki ne da na kamfani, galibi masu shirin komawa gida. Da yawansu ba sa son ƙasar yadda Allah ya yi ta. Akwai matar wani da ta ce a ƙara mata giginya uku da raƙumi a bakin gulbi, a wurin da ko jaki ba ya iya tsayawa saboda laka. Mai Kallo ya yi mata raƙumin, amma ranar bai ci abinci ba. Mutanenmu kuwa da farko sun yi gunaguni, sai liman ya zo ya duba ya ga ruwa ne da haki da gajimare, mutum in ya fito ɗigo ne kawai ya ba da baya. Ya ce ba ruwansa, ya tafi.

Wanda ke kai mu fadama Manu ne, wani Basarke masunci, mutumin Gulma, mai jirgin da ya isa ya ɗauki mutum uku da jakin katakon da ake jingina hoto. In damina ta yi nisa, gulbi ya cika ya malale, ba ka sanin inda ruwa ya ƙare gona ta soma. Manu na tura gora, jirgi na ratsa shinkafa tana shafar gefensa da wata 'yar ƙara mai sa barci. Balbelu su tashi can nesa su sake sauka. Gajimare na tafiya a sama, na tafiya a ƙasa, mu muna tsakani. Sai Mai Kallo ya ɗaga hannu, Manu ya kafa gora, shi ke nan an zauna. Wani lokaci har la'asar bai taɓa buroshi ba. Manu kan sunkuyo ya ce mini, "Ummaru, wanga mutum ko dai ruwa sunka kama mai kurwa?" In ce masa ya yi shiru, aiki ake yi.

Shekarar wahala ita ce wadda yaƙin Turawa ya tsare jiragen ruwa. Kaya suka daina zuwa, wasiƙa ta daina zuwa, aka ce abokan gaba sun shiga ƙasarsu sun zauna. Masu saye suka watse. Kwalayen dalma suka ƙare ɗaya bayan ɗaya, muna tsaga su da aska muna kankare cikin. Ga kuma idonsa. Wata farar yana ce ta fara rufe shi, har ya kai in ya miƙa hannu zai ɗauki buroshi sai ya laluba. Abin da ya rage mana kwalbar mai guda ɗaya, da ɗan farin launi, da 'yar rawaya da na riga na niƙa, da akoko ɗaya babba da na ja tun bara. Kowa a gidan ya san na mene ne: hoton fadamar Gulma, wanda ya daɗe yana cewa shi ne zai zama na ƙarshe kafin idon ya tafi. In man nan ya ƙare, babu wani a ƙasar Kabi duka.

Ranar da zai tafi Birnin Kebbi likita ya duba idon, Tanko na waje yana ɗaure kaya a mota, ya kira ni ya danƙa mini kwalbar da hannu biyu.

"Umaru, kafin in dawo ka yi mini kore. Mai yawa. Ka sa man duka."

"Ranka shi daɗe, kore kac ce?"

"Kore. Kai ne mai launi, ka san inda za ka samo."

"Irin wanda ka ɗaukar ido?"

"Shi. Wanda idan rana ta taɓa shi yana walƙiya."

To ku saurara da kyau, don a nan sana'ar take. Shekara da shekaru da yatsa yake nuna mini launi, bai taɓa kiran sunan wannan ba, tunda daga kwali yake matso shi. Ni kuwa marini, mutumin Argungu, in ka ce mini kore abu ɗaya nake ji: rigar nan ta manya da ake tsoma wa rini har ta wuce shuɗi ta kusa baƙi, a shafe ta da shuni, a kai mabuga a buge ta har ta riƙa ƙyalli. Launin ganye mu tsanwa muke ce masa, ko ɗanyen haki. Na ce a raina, lalle hadari zai zana bisa fadama, ya kuwa zo gidan sana'a. Har daɗi na ji, don karon farko ke nan da ya nemi abin da na fi shi sani.

Ban taɓa yin aiki irin na kwanakin nan ba. Na koma karofin gidanmu, na zaɓi rijiyar da ta fi nuna, na riƙa kwashe kumfar sama da sakaina kowace safiya ina shanyawa a inuwa. Na niƙa ta busasshiya, na tankaɗe da tsumma mai laushi. Don ta ƙara zurfi na zuba kunkunniya, kaɗan-kaɗan, ina dubawa a farce. Sannan na soma ɗiga man Bature. Kwana tara ina juya ɗan dutse, har ɗigon ƙarshe na kife kwalbar na jira ya sauko. Abin da ya fito ya cika 'yar tukunya, in ka karkata ta ga haske sai wani ja-ja ya gilma a kai irin na wuyan tantabara. Na rufe da fata na ɗaure, ina jiran yabo.

Da suka dawo ban bari ya ko sha ruwa ba, na ajiye tukunyar gabansa na buɗe. Tanko ne ya fara leƙawa. Ya ƙyalƙyale da dariya, sai kuma ya katse dariyar.

"Kai Umaru, wannan ai baƙi ne! Kore aka ce maka, irin na ganye, na shinkafa."

"Na shinkahwa? Wannan ai tsanwa ta! Don mi ba a ce tsanwa ba?"

"Mu a Kano kore muke cewa. Ina man?"

Na nuna masa kwalbar, wayam. Mai Kallo ya matso kusa da tukunyar. Ya lakato da yatsa, ya je bakin taga ya kai shi dab da idonsa, ya daɗe yana juyawa. "An niƙa shi da kyau," in ji shi, ya shiga ɗaki ya rufe. Wallahi da mari na ya yi da ya fi mini sauƙi. Kunya ta kama ni irin wadda ban taɓa ji ba, na zauna a kan dutsen nan har magariba.

Duk dabarar da kuke tunani yanzu, na yi ta. Na cuɗa shi da rawaya, kunkunniyar da na zuba ta mayar da shi launin laka. Na je wurin dukawa na samo tsanwarsu ta fata, wadda suke yi da garin tagulla da sinadari, mai kyau kuwa, amma da me za a kama ta? Na gwada ƙaro, ya bushe ya ɓarɓashe daga akoko. Na gwada ƙwai, kyankyasai suka yi walima. Shinkafa kuwa ta riga ta yi ciki, saura 'yan makonni ta soma juyawa ja. Mai Kallo na zaune a shirayi ya rufe ido da hannu, don likita ya ce hasken rana ne ke ƙara masa ciwo, kuma ba maganin da za a yi masa a nan.

Manu ya zo jin ko yaushe za a fita, na nuna masa tukunyar na ba shi labari. Ya duba, ya sake dubawa.

"To mi al laihin wanga? Ai haka hwadama take."

"Manu, kak ka yi mini ba'a, raina ɓace shike."

"Ba ba'a ba ta. Ku da rana kuka zuwa, kamar masu biki. Ni in na gama sallar asuba nika hita duba gurata ta kamun kihi. Lokacin nan shinkahwa da ruwa da sama duk wanga launi na. Sai rana ta hito sannan tsanwa ka zuwa."

Nan da nan na gane, don na san irinsa a karofi. Duk zanen da ka tsamo daga rijiyar rini tsanwa yake fitowa, sai ya sha iska a gaban idonka ya rikiɗe ya koma shuɗi. Ashe fadama ma haka take yi, ta baya. Na je na durƙusa gaban Mai Kallo na ce ɓarnar da na yi ba ta gyaruwa, amma ya ba ni safiya ɗaya. Sai ya ce wa Tanko ya fito da akoko.

Bayan sallar asuba muka shiga jirgi. Gari ya soma rarrabewa, amma rana ba ta ko yi niyya ba. Manu ya tura mu cikin shinkafa har inda ƙarar gari ta ɓace. Ruwa lumshe, ba iska. Ga fadama nan daga gaban jirgi har ƙarshen gani, ba ja ba tsanwa, launi ɗaya mai zurfi, raɓa na ƙyalli a kansa. Sama ma shi ne, sai dai ta ɗan fi haske. Wani jirgi ya wuce can nesa ba ka jin gorarsa. Na buɗe tukunyar na ajiye a gefe, sai ka ce daga ruwan na ɗebo. Mai Kallo ya sauke hannunsa daga ido, ya buɗe su sosai, abin da na daɗe ban ga ya yi ba. Bai jira la'asar ba ranar. "Ba ni babban buroshi," in ji shi.

Safiya goma sha ɗaya muka yi muna fita. Lokacin gajere ne, bai fi a dafa shinkafa a sauke ba, saboda haka ni ke riƙe da allon launi ina sassauta masa koren da fari mataki-mataki, shi yana kira ina miƙawa. Daga tukunya ɗaya na fitar masa da launi bakwai. Da gabas ta fara ja sai mu rufe hoto mu juyo, don kada hasken ya dame shi. 'Yar rawayar nan bai taɓa ta ba sai ranar ƙarshe, ya ja siririn layi ɗaya da gashin kurege inda sama ta haɗu da ruwa. Manu ya leƙo ta kafaɗarsa ya ɗora yatsa kusa da wani wuri. "Ga inda nika kahwa gurata," in ji shi. Mai Kallo ya ce shi kuma filin da ke kusa da gidan mahaifiyarsa ne a Holan, da safe kafin a fito da shanu. Ya ce shekaru yana neman wurin nan a fadamarmu bai same shi ba.

Ranar bai ce a juya ba. Muka zauna har rana ta ɓullo. Haske ya taho bisa ruwa, ya kama shinkafa daga can nesa yana matsowa, koren na janyewa, tsanwa na bin bayansa, har ta iso gefen jirgi ta kewaye mu, sabuwa fil, tana walƙiya yadda ya faɗa mini ranar da ya ba ni kwalba.

"Ranka shi daɗe," na ce, "ga naka koren nan ya iso."

Ya juya fuska wajen, hawaye na zuba saboda hasken. "Ba na ganinsa, Umaru. Tun bara in rana ta fito fari kawai nake gani. Ko da ka niƙa mini shi, da tunani zan zana shi, ba da ido ba. Naka ne nake gani." Ya share hawayen. "Faɗa mini yadda yake yau."

Ni da aka rabu da ni a marina saboda surutu, na buɗe baki na rasa ta inda zan soma. Na ce masa na kusa da jirgi ya fi duhu, na tsakiya ya ɗauki rawaya, na can ƙarshe ya yi haske har ya kusa narkewa cikin sama. Yana ta gyaɗa kai, yana tambaya ina amsawa, Manu na riƙe da gora bai motsa ba, har zafi ya kore mu.

Bai sake zana komai ba. Da hanya ta buɗe ya kama hanyar komawa ƙasarsu, Tanko ya raka shi, hoton na naɗe cikin tabarma a ƙarƙashin hammatarsa, bai sayar wa kowa ba. Ni ya bar mini dutse da ɗan dutse, da su na zo nan Nasarawa na soma yi wa mutane zanen bango da alluna, tun ba a san gwangwani ba. Shi ya sa kuke ganin in mutum ya zo ya ce a yi masa launi kaza, ba na karɓa da baki, sai na ce ya tsinko mini ganye ko ya kawo ƙyalle in gani, ku kuma ku riƙa ƙyafta wa juna ido wai tsoho ya rikice. Ku tashi mini daga kan dutse, ku share ɓawon gyaɗar nan, akwai jar ƙasa da za a wanke.